Shekara 11 muna kwashe shara a matsayin 'yan wucin gadi, yanzu an ce ofishin da ya ba mu gaskiya ba shi da hurumi

Assalamu alaikum, Malam. Ni ma'aikacin kwashe shara da yasar magudanun ruwa ne a hukumar birninmu, kuma yau shekara 11 ke nan ina wannan aiki a matsayin ɗan wucin gadi. Duk bayan wata uku sai a ce kwantiraginmu ya ƙare, mu zauna a gida kwana biyu ko uku, sannan a kira mu mu sa hannu a sabuwar takarda. Ba mu da hutun shekara, ba mu da fansho, kuma albashinmu bai kama ƙafar na abokan aikinmu na dindindin ba, alhali kuwa motar shara ɗaya muke bi. Mu 34 muka kai kuka ofishin karɓar koke-koken jama'a, bayan dogon bincike ofishin ya rubuta cewa a mayar da mu ma'aikatan dindindin. Hukumar birni ta ƙi, ta garzaya kotu tana cewa ofishin ba shi da hurumin tsoma baki a harkar ɗaukar ma'aikata. Mai kula da mu a wurin aiki kuma ya fara yi mana hannunka-mai-sanda cewa duk wanda sunansa ke cikin koken kada ya sa rai za a sabunta masa kwantiragi. Shin takardar nan tamu ta zama banza ke nan? Mu janye ne, ko mu jira hukuncin kotu? Ina da iyali, kuma ba ni da wata sana'a sai wannan.

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Kada ku janye, kuma kada ku naɗe hannu kuna jiran hukuncin wannan shari'a, domin shari'ar da hukumar birni ta shigar ba a kan cancantarku take ba. Maganganu biyu ne suka sarƙe a cikin lamarinku, kuma muddin ba ku raba su ba za ku daɗe kuna jiran gawon shanu. Ta farko ita ce ko kun cancanci a tabbatar da ku a aiki. Ta biyu ita ce wane ne doka ta ba ikon faɗin haka har maganarsa ta ɗaure hukumar birni. Alƙalin da ke sauraron ƙarar yanzu ta biyun kaɗai aka kawo masa, don haka yana iya soke takardarku ba tare da ya ce uffan a kan shekarunku 11 ba, kuma yana iya barinta a tsaye amma ya ce shawara ce kawai wadda ba dole a bi ta ba.

Zan faɗa maka abin da ba zai yi maka daɗi ba: akwai yiwuwar lauyoyin hukumar birni su yi nasara a kan batun hurumi. Irin ofishin da kuka je, wanda a duniya aka fi sani da sunan ombudsman, ya samo asali ne daga ƙasar Suwidin a shekarar 1809, kuma an ƙirƙire shi ne domin ya duba yadda jami'an gwamnati ke tafiyar da aikinsu, ya zama wurin da talaka zai kai kukan zalunci ko sakaci ko jan ƙafa ba tare da ya biya lauya ba. Da tsarin ya yaɗu, ƙasashe da dama suka cire rikicin ma'aikaci da ma'aikatarsa daga hannun ofishin, bisa dalilin cewa an riga an tanadi kotunan ƙwadago da hukumomin kula da ma'aikata domin wannan aiki. A Ingila, dokar 1974 da ta kafa ofishin koke-koke na ƙananan hukumomi ta hana shi binciken abin da ya shafi ɗaukar ma'aikata da albashinsu da ladabtar da su. A Pakistan, inda ake kiran mai riƙe da ofishin Muhtasib (kalmar da tushenta ɗaya da hisba), dokar 1983 ta hana shi karɓar koken ma'aikacin gwamnati a kan wata damuwa tasa da ta shafi aikinsa a ma'aikatar da yake yi wa aiki. Haka nan dokar 1984 ta Lokayukta, wato irin wannan ofishi a jihar Karnataka ta Indiya, ta fitar da naɗi da kora da albashi daga huruminsa, ko da yake ta bar masa batun fansho da haƙƙoƙin sallama. Saboda haka hujjar da hukumar birninku ta kawo ba sabuwa ba ce, an sha kawo ta, kuma an sha cin nasara da ita.

Ko a inda ofishin yake da ikon bincike, akwai wata tambayar a gaba, wato ko abin da ya rubuta umarni ne ko shawara. A nan ƙasashe sun rabu. Kotun Ƙolin Kenya ta yanke a 2021, a wata shari'a da ita ma ta taso daga sabunta kwantiragin wani ma'aikaci, cewa shawarwarin hukumar koke-koke ta ƙasar ba su ɗaure ma'aikatun gwamnati. Kotun Tsarin Mulki ta Afirka ta Kudu kuwa, a shari'ar gidan shugaba Jacob Zuma na Nkandla a 2016, cewa ta yi matakin gyara da Mai Kare Jama'a (mai riƙe da irin wannan ofishi a ƙasar) ya gindaya dole ne a bi shi sai dai idan kotu ta soke shi. A Najeriya, Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a da aka kafa a 1975 tana da ikon binciken ƙananan hukumomi, amma abin da dokarta ta ba ta bayan bincike shi ne bayar da shawara. Don haka aiki na farko da za ku sa lauya ya yi shi ne ya buɗe dokar da ta kafa ofishin da kuka je, ya karanta muku sashe biyu a fili: sashen da ya lissafa abubuwan da aka hana ofishin taɓawa, da sashen da ya faɗi ƙarfin abin da ya rubuta. Wannan karatu ba zai ci masa rabin yini ba, kuma daga nan za ku san nauyin takardar da ke hannunku.

Akwai wata ƙofa da nake so lauyan ya duba. Idan dokar ta ce ofishin ba ya shiga rikicin ma'aikacin gwamnati da ma'aikatarsa, to sai a tambayi hukumar birni ko ku ma'aikatanta ne. In ta ce ku ma'aikatanta ne, ta amsa rabin abin da kuke nema da bakinta. In kuma ta ce ku ba ma'aikatanta ba ne, leburori ne kawai da ake ɗauka a sallama, to sai ta bayyana yadda sashen da aka rubuta domin ma'aikata ya hau kanku. Ban ce wannan hujja za ta raba gardama ba, domin wasu dokokin an rubuta su da faɗi yadda suka haɗa da duk wata harkar ɗaukar aiki, amma tana tilasta wa hukumar ta tsaya a wuri ɗaya a gaban alƙali, kuma duk inda ta tsaya za a rubuta. Wannan ma dalili ne da ya sa ya kamata ku nemi kotu ta shigar da ku cikin ƙarar a matsayin waɗanda abin ya shafa, idan har ba a riga an sa ku ba, domin bai dace a yi shari'a a kan takardarku kuna waje ba.

Takardar ba ta zama banza ba ko da an soke ta. Lokacin da ofishin ke bincike ya rubuta wa hukumar birni, ita kuma ta ba da amsa a rubuce, wataƙila har ta miƙa jerin sunayenku da ranakun da kuka fara aiki da takardun biyan kuɗi. Idan alƙali ya ce ofishin ya wuce gona da iri, shawarar ofishin ce za ta faɗi, amma abin da hukumar ta rubuta da hannunta yana nan, kuma shi ne abin da ya fi wahalar samu ga ɗan wucin gadi, domin abu na farko da ma'aikata kan yi a kotu shi ne musanta tsawon shekarun. Ku rubuta wa ofishin tun yanzu ku nemi kwafin duk abin da ke cikin fayil ɗinku, mai ɗauke da hatimi, kafin a ce an tattara komai an kai kotu.

Abin da ya fi damuna a wasiƙarka shi ne lokaci. Dokokin ƙwadago suna gindaya wa'adin shigar da ƙara, kuma a bisa ƙa'ida kai koke ofishin jama'a ba ya tsayar da ƙidayar wannan wa'adi sai idan doka ta faɗi haka ƙarara. A Kenya wa'adin shekara uku ne ga rikicin kwantiragin aiki. A Afirka ta Kudu wanda aka kora ba bisa ƙa'ida ba kwana 30 kacal yake da su ya kai kukansa hukumar sasanci. Ka ga ke nan mutum yana iya zama da gaskiyarsa a hannu, yana jiran a gama gardamar hurumi da ɗaukaka ƙara, ranar da zai isa kotun da ta dace a ce masa ya makara, ko kuma bashin bambancin albashi na shekarun farko ya riga ya zube. Saboda haka ku shigar da taku ƙarar a kotun ƙwadago ko hukumar sasancin da doka ta tanada, ba tare da jiran waccan ba. Gaskiya ne cewa ofisoshin koke-koke da yawa suna janye hannu daga duk maganar da ke gaban kotu (dokar Najeriya ta faɗi haka, ta kuma hana karɓar koken da ya wuce wata 12 da faruwar abin), amma ku ofishin ya riga ya gama bincikensa, babu abin da za ku rasa ta wannan fuska.

To, idan kun je kotun da ta dace, me za ku tarar? A nan ma ba zan yi maka alƙawarin da ba nawa ba. Tsawon shekaru kaɗai ba ya mayar da mutum ma'aikacin gwamnati na dindindin, kuma shari'ar da ta fi shahara a kan haka ita ce ta Umadevi, wadda alƙalai biyar na Kotun Ƙolin Indiya suka yanke a 2006. Sun ce gurbin aikin gwamnati na kowa da kowa ne, dole a tallata shi a yi takara, kuma idan kotuna suka riƙa tabbatar da duk wanda aka shigo da shi ta bayan gida don kawai ya daɗe, an zalunci dubban masu neman aiki da ba su san kowa ba. Wannan magana tana da nauyi, kuma lauyoyin hukumar birninku za su yi irinta. Amma hukuncin ya bar taga: ya bambanta ɗaukar da ta saɓa wa doka daga tushe da ɗaukar da aka yi kuskuren bin wasu matakai a cikinta, ya kuma ce gwamnatoci su duba, sau ɗaya, tabbatar da waɗanda suke da cancantar aikin, suka yi shekara 10 ko fiye a gurbin da aka amince da shi kuma yake a buɗe, ba tare da umarnin kotu ne ya riƙe su a wurin ba. Shekaru da dama ma'aikatu suka riƙa ɗaga rabin farko na hukuncin suna ɓoye na biyun, har kotun ta gaji. A watan Disamba na 2024, a shari'ar Jaggo ta wasu masu shara da goge-goge a wata hukumar tarayya, ta ce ana fakewa da Umadevi ana cutar mutanen da aikinsu na kullum ne. A watan Janairu na 2025 kuma, a shari'ar masu kula da lambunan hukumar birnin Ghaziabad, ta umarci a mayar da su bakin aiki, a biya su rabin albashin da suka rasa, a kuma fara bin hanyar tabbatar da su cikin wata shida. Abin da ya juya waɗannan shari'o'i shi ne yanayin aikin kansa. Shara ba ta ƙarewa bayan wata uku, magudana ba ta daina cikewa, kuma hukumar da ta riƙe mutum ɗaya yana aiki ɗaya shekara 11 za ta sha wahalar gamsar da alƙali cewa buƙatar ta wucin gadi ce.

Wasu ƙasashen ba su bar abin a hannun alƙali kaɗai ba, sun rubuta shi a doka. Dokar ƙwadago ta Gana ta 2003 ta ce ma'aikacin wucin gadi da ya yi wata shida ko fiye a jere a hannun mai aiki ɗaya, a ɗauke shi a matsayin na dindindin. Dokar Kenya ta 2007 ta ce leburan da ya yi aikin da ya kai wata ɗaya a jere kwantiraginsa ya koma na mai albashin wata. A Afirka ta Kudu, tun 2015, kwantiragin mai ƙaramin albashi da ya wuce wata uku ba tare da ƙwaƙƙwaran dalili ba ana ɗaukarsa a matsayin marar wa'adi. Daga nan za ka gane dalilin zaman gida na kwana biyu ko uku da ake sa ku yi: ana yanke igiyar ne kafin ta kai tsawon da doka ta ambata. Wannan dabara sananniya ce, kuma shawara mai lamba 198 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya, ta 2006, ta ce a duba ainihin yadda ake gudanar da aikin da yadda ake biya, a fifita shi a kan sunan da aka laƙaba a takarda. Sai dai ka lura cewa zama ma'aikaci marar wa'adi a idon dokar ƙwadago daban ne da samun gurbi mai fansho a tsarin ma'aikatan gwamnati, domin na biyun yakan buƙaci gurbin da aka amince da shi a kasafin kuɗi, kuma sau da yawa ikon cike shi yana hannun wata hukumar kula da ma'aikata ne, ba shugaban birni ba. Lauyanku ya tabbatar ya haɗa da wannan hukuma a cikin waɗanda kuke ƙara, kada a yi nasara a kan wanda ba shi da ikon aiwatarwa.

Saboda wannan ne nake ba ku shawara kada ku shiga kotu da buƙata ɗaya tak. Wanda ya ce wa alƙali ko dindindin ko babu, ya ba shi damar sallamarsa hannu rabbana. Ku nemi kotu ta bayyana cewa aikinku bai taɓa yankewa ba tun ranar da kuka fara, kuma hutun dolen nan na je-ka-na-yi-ka ne. Ku nemi a daidaita albashinku da mafi ƙarancin abin da na dindindin ke samu a wannan mataki, tare da bashin bambancin gwargwadon yadda wa'adi ya bari, kuma a kan wannan Kotun Ƙolin Indiya ta riga ta yanke a 2016, a shari'ar Jagjit Singh, cewa ɗan wucin gadi da ke yin aiki iri ɗaya da na dindindin ya cancanci mafi ƙarancin albashin matakin. Ku nemi haƙƙin hutu da kayan kariya, tunda wanda ke shiga magudana da hannu yana cikin haɗarin da ba ya tambayar matsayinsa a takarda. Sannan ku nemi a tabbatar da ku, in kuma hakan bai samu ba, a ba ku fifiko tare da sassauta ƙa'idar shekarun haihuwa duk lokacin da aka buɗe ɗaukar aiki, domin wanda ya ƙarar da ƙuruciyarsa a bayan motar shara shi ne ake fara cewa ya tsufa ranar da gurbi ya fito.

Barazanar mai kula da ku kuwa, ku ɗauke ta da muhimmanci ba tare da kun nuna masa fushi ba. Duk ranar da ya faɗi irin wannan magana, wanda ya ji ya rubuta ranar da kalaman da sunayen waɗanda ke wurin, kuma ranar da za ku shigar da ƙara lauya ya nemi umarnin wucin gadi da zai hana a sallame ku ko a ƙi sabunta muku kwantiragi har a gama shari'a. Ku ci gaba da zuwa aiki a kan lokaci kuna sa hannu a rajista. Kada kowa ya ajiye aiki don zuciya, kada ku shiga yajin aiki ba tare da bin matakan da doka ta shimfiɗa ba, domin wannan shi ne dalilin da ake nema a kore ku da hujja mai tsabta. Idan aka kawo sabuwar takardar kwantiragi, kada a sa mata hannu sai an karanta, musamman idan an ƙara wani layi da ke cewa kun yafe haƙƙoƙin baya, ko kuma an sauya sunan mai ɗaukar aikin daga hukumar birni zuwa wani ɗan kwangila, wanda hanya ce da ake bi a raba ma'aikaci da shekarunsa cikin dare ɗaya.

Ba a fafe gora ranar tafiya, don haka kowannenku ya fara tattara shaidarsa: tsofaffin kwantiragi, katin shaidar aiki, saƙonnin shigar kuɗi daga banki, takardun rabon aiki, takardar asibiti idan an taɓa jin rauni a bakin aiki. Kuma ku faɗa wa juna gaskiya cewa ku 34 ɗin nan ba matsayinku ɗaya ba. Wani ya yi shekara 11, wani huɗu, wani ya taɓa barin aikin na shekara guda ya dawo, wani ba shi da takardar makarantar da gurbin ke buƙata. Ku tafi tare, tunda tsinke ɗaya ba ya shara, amma a rubuta bayanin kowa daban, domin kada raunin hujjar mutum ɗaya ya ja sauran ƙasa. Idan kuɗin lauya ya gagara, ku tuntuɓi ƙungiyar ma'aikatan ƙananan hukumomi ko ofishin taimakon shari'a na gwamnati, kuma kada ku ba kowa ko sisi da sunan zai sa a saka sunanku a jerin waɗanda za a tabbatar.

Ofishin koke-koke ma bai gama amfani ba. Idan hukumar birni ta ƙi amsa wasiƙunku, ko ta hana ku kwafin takardun aikinku, ko ta ɗauki sababbin mutane a ɓoye ba tare da talla ba alhali tana cewa babu gurbi, waɗannan matsaloli ne na rashin kyakkyawan gudanarwa, kuma sun fi kusa da ainihin abin da aka kafa ofishin dominsa. Daga ƙarshe, mai yiwuwa ne hukumar ta nemi sulhu da zarar ta ga ƙararku ta tsaya da ƙafarta, ta ce za ta tabbatar da ku kashi-kashi saboda ƙarancin kuɗi. Ni ban ga laifin karɓar haka ba, da sharaɗin a rubuta sunaye da ranaku, a bi tsarin wanda ya fi daɗewa shi ne a gaba, a faɗi ko shekarun baya za su shiga lissafin fansho, sannan a kai yarjejeniyar gaban alƙali ya mayar da ita hukuncin kotu kafin ku janye ƙarar. Allah Ya ba ku sa'a, ka gaida iyali.